Ma'ajin Littattafai da Mai Kula da Gidan Tarihi: Sana'a Ɗaya da Aka Raba Gida Biyu

Tsakure

Wannan maƙala ta dubi ayyuka biyu da hukumominmu suka saba ɗauka daban-daban, wato aikin ma'ajin tsofaffin littattafai a ɗakin karatu da aikin mai kula da kaya a gidan tarihi. Hujjarta ita ce sana'ar ɗaya ce, domin abin da kowannensu yake tsaro shi ne salsalar abu: hannun wa ya yi shi, ina ya bi, wa ya riƙe shi kafin ya iso. Ta ɗauko misalai daga jihar Carolina ta Arewa, da gidan Waziri a Sakkwato, da gidan tarihi na Jos, da Yamai, sannan ta dubi yadda ake horar da masu aikin a Nijeriya.

Gabatarwa



A shekarar 1901 wata budurwa baƙar fata 'yar shekara 18, Charlotte Hawkins, ta sauka daga jirgin ƙasa a McLeansville, gabas da Greensboro a jihar Carolina ta Arewa da ke Amurka, ta nufi wata ƙaramar makarantar mishan da aka turo ta koyarwa. Ba a daɗe ba masu makarantar suka janye hannunsu. Ita kuwa ta ƙi komawa Massachusetts inda ta tashi, ta zauna, a 1902 ta kafa tata makarantar a Sedalia mai suna Palmer Memorial Institute, ta shugabance ta shekara 50. Ta rasu a 1961. A 1971 gobara ta cinye babban ginin makarantar, aka rufe ta a wannan shekarar, a 1987 kuma jiha ta buɗe wurin a matsayin gidan tarihi. Wanda ya je yau zai shiga gidan da ta zauna, ya ga kujerunta, ya tsaya a kabarinta. Amma idan wasiƙunta da jawabanta yake nema, babban kundinsu yana ɗakin karatu na Schlesinger a Jami'ar Harvard, tafiyar sama da kilomita 1,000. Mai kula da gidan yana nan, ma'ajin takardun yana can, kuma kowannensu rabin matar yake riƙe da shi.

Misali na biyu ya fi kusa da mu. Umar ɗan Sa'id malami ne daga Futa Toro da aka kamo aka kawo Charleston a 1807, ya gudu, aka tsare shi a kurkukun Fayetteville a Carolina ta Arewa, inda ya riƙa rubutun Larabci a bango, ya kuma rayu cikin bauta a gidan wani mai suna Owen har rasuwarsa. A 1831 ya rubuta tarihin rayuwarsa da Larabci, wanda ɗakin karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya saya a 2017. Akwai wata 'yar takarda tasa a Jami'ar Carolina ta Arewa da ke Chapel Hill, wadda wani ya rubuta mata bayani da Ingilishi cewa addu'ar da Kiristoci suke kira addu'ar Ubangiji ce. Duk yaron da ya yi makarantar allo a Katsina ko Maraɗi, da kallo ɗaya zai ce Suratun Nasri ce. An adana takardar da kyau, ba ta yage ba, ba ta jiƙe ba, amma bayanin da ke tare da ita ya mai da ita shaidar abin da ba ta faɗa ba. Wannan kuskure ba ƙarami ba ne, domin a kan irinsa aka gina labarin addinin mutumin shekara da shekaru.

Daga waɗannan biyu nake so in gina maganata. Adana abu daban, saninsa daban, kuma gwanin wannan sana'a shi ne wanda ya haɗa su a hannu ɗaya.

Gidan Waziri

Kafin a gina ɗakin karatu ko ɗaya na zamani a ƙasar Hausa, akwai ma'ajin littattafai, sai dai ba a kiransa da wannan suna. A Sakkwato aikin ya zauna a gidan Waziri tun daga Giɗaɗo ɗan Laima, mijin Nana Asma'u, wanda ya yi wa Sarkin Musulmi Muhammadu Bello wazirci. Ta hannun Waziri wasiƙun sarakunan gabas suke shiga, ta hannunsa amsa take fita, don haka gidansa ya zama rumbun takardun daula ba tare da an yi shela ba. Shi ne ya sauki Hugh Clapperton a 1824, kuma Baturen ya koma Ingila da wani yanki na Infaƙul Maisuri da aka kwafa masa, aka buga fassararsa a Landan a 1826. A zuwansa na biyu ya kawo wa Bello littafin lissafi na Euclid da Larabci, sai Bello ya gaya masa cewa dā suna da kwafi da wani ɗan uwansu ya kawo daga Makka, gobara ce ta cinye shi. Ina son wannan labari saboda abu biyu da ya nuna: faɗin abin da ake karantawa a Sakkwato a lokacin, da kuma cewa wuta ta daɗe tana yi mana ɓarna.

Da Turawa suka shiga Sakkwato a watan Maris na 1903, sun tarar da tarin wasiƙu a gidan Waziri Buhari. H.F. Backwell ya buga fassarar wasu daga ciki a 1927, kuma har yau da su ake karanta yadda sarakuna suka riƙa kai kukansu Sakkwato yayin da Nasara suke matsowa. Ke nan gidan ya riga ya yi aikin ma'aikatar adana takardu fiye da rabin ƙarni kafin gwamnati ta buɗe tata a Kaduna.

Wanda ya kai wannan gado ƙololuwa shi ne Waziri Junaidu, wanda aka haifa a 1906, aka naɗa a 1948 a zamanin Sarkin Musulmi Abubakar na III, ya rasu a 1997. An fi saninsa da malanta da waƙa da littafinsa Tarihin Fulani. Ni kuwa ina ganin babban aikinsa shi ne na ma'aji. Ya tara, ya sa an kwafa, ya nemi abin da ya ɓace daga gidajen 'yan uwa da almajirai, kuma abin da ya fi duka, ya buɗe ƙofa. A zaurensa Murray Last ya zauna a farkon shekarun 1960 ya yi binciken da ya zama littafinsa kan daular Sakkwato a 1967. Daga taskarsa Jean Boyd ta samu rubuce-rubucen Nana Asma'u da suka kai ga littafinta na 1989 da babban kundin da ta fitar tare da Beverly Mack a 1997. Ba takarda kaɗai Waziri yake miƙa wa mai bincike ba. Yakan haɗa masa da bayanin wanda ya rubuta, da wanda ya kwafa, da dangantakar da ke tsakaninsu, da gidan da ya kamata ya je ya tambaya. Fihirisarsa tana cikin kansa. A nan ƙarfin tsarin yake, a nan kuma rauninsa yake, domin ranar da aka yi jana'izar irin wannan mutum ana binne fihirisar tare da shi, sai abin da ya riga ya zuba wa 'ya'ya da almajirai.

Wani abin da ya kamata a faɗa, ba don rage darajar kowa ba: taska tana da mahangarta. Takardun gidan Waziri Sakkwato suke nuna wa mai karatu daga cikin fada. Katsinawan Maraɗi da Gobirawan Tsibiri suna fitowa a cikinsu a matsayin abokan gaba da ke kawo hari, tasu hujjar kuwa sai a bakin maroƙa da masu kirari da 'yan sarki. Ma'ajin kirki yakan gaya wa mai bincike abin da babu a ɗakinsa.

Jos: sulke da Alƙur'ani a hannu ɗaya

Gidan tarihi na zamani ta wata ƙofa ya shigo mana. Bernard Fagg ya buɗe na Jos a 1952, dalilinsa kuwa kawunan yumɓu na Nok da masu haƙar kuza suke tonowa. Dokar kayan tarihi ta biyo baya a 1953. A can Ibadan kuma, W.E.N. Kensdale na ɗakin karatun jami'a ya zagaya Arewa neman littattafan Larabci, ya fitar da fihirisarsu tsakanin 1955 da 1958. Tun daga nan aka ja layi: tukunya da takobi na gidan tarihi, takarda ta ɗakin karatu.

Mutumin da ya fi kowa taka wannan layi a wancan zamani shi ne A.D.H. Bivar, wanda ya rayu daga 1926 zuwa 2015. Asalin fanninsa tsofaffin kuɗaɗe da tarihin Farisa, kuma a kansu ya zama farfesa a makarantar SOAS ta Landan. Amma a ƙarshen shekarun 1950 ya yi aiki da hukumar kayan tarihi ta Nijeriya, kuma 'yan shekarun nan sun bar abin da har yau ake mora. Dubi jerin abin da ya fitar. A 1959, nazari kan wasiƙun fadojin Arewa, inda ya bi hatimi da salon buɗe wasiƙa da hannun magatakarda. A 1960, bayani kan wani Alƙur'ani na Barno mai ɗauke da shekarar da ta yi daidai da 1669. A 1961, Wasiƙatu Ahlis Sudan ta Shehu Usmanu. A 1962, tare da Mervyn Hiskett, bitar rubuce-rubucen Larabci na wannan ƙasa kafin jihadi. A 1964, littafi sukutum kan kayan yaƙin Arewa, sulke da kwalkwali da takubba da lifidi.

Wani zai ce ai wannan tsalle ne daga fanni zuwa fanni. Ni ban ga haka ba. Idon da yake duba yadda aka ɗaure zoben sulke don gane inda aka ƙera shi, shi ne idon da yake duba yadda magatakardan Barno yake jan harafi don gane zamaninsa. Tambayar ba ta sake ba: wa ya yi wannan, da wane kayan aiki, yaushe, kuma ta wace hanya ya zo gidan nan? Mai nazarin kuɗi ya saba karanta rubutu a jikin ƙarfe, don haka a wurinsa babu katanga tsakanin abu da nassi.

Kuma kayanmu da kansu ba su yarda da katangar ba. Allon zayyana na saukar Alƙur'ani, na wa ne a cikin ma'aikatan biyu? Tutar jihadi mai rubutu fa? Rigar yaƙi da aka ɗinke da layu, ma'ajin littattafai zai so ya farke laya ɗaya ya karanta abin da ke ciki, mai kula da gidan tarihi zai ce a bar ta yadda baduku ya ɗinke ta, mai rigar kuma, in yana raye, zai ce duk wanda ya buɗe ya karya ta. Dukkansu suna da gaskiya, kuma babu mai iya yanke hukunci sai wanda ya san darajar nassin da darajar fatar da kuma abin da mutanen gidan suke ji. Haka Alƙur'anin da ake bajewa cikin gilashi. An buɗe shi a shafi ɗaya shekara goma, haske ya kashe jan da rawayan zayyanarsa, ga shi kuma ba a tambayi kowa ba ko mai juya shafin yana da alwala.

Labarin Alƙur'anan Barno bai ƙare a 1960 ba. Bivar ya ɗauki hotunan guda huɗu, ya lura cewa a tsakanin layuka akwai ƙananan bayanai da wani harshe da ba Larabci ba, mai kama da Barbarci. Hotunan suka kwanta kimanin shekara 40. A farkon shekarun 2000 suka isa ɗakin karatu na SOAS, Dmitry Bondarev ya zauna a kansu, aka gane cewa tsohon harshen Kanembu ne, kuma yana da alaƙa da Tarjumo da malaman Barno suke fassara Alƙur'ani da shi har yanzu. Ta haka aka samu ɗaya daga cikin mafi tsufan ajami da aka sani a wannan yanki. Abin da ya sa hotunan suka yi amfani bayan wannan tsawon lokaci shi ne mai ɗaukarsu ya rubuta inda ya ga kowane littafi da gidan da yake.

Sai dai akwai bashi. Babu Baturen da ya shiga zauren malami a Gwandu ko Yarwa ya fito da littafi shi kaɗai. Malamai ne suka yi jagora, suka yi sallama, suka lallashi masu gida, suka karanta hannun da ya gagara. Sunayensu sukan tsaya a shafin godiya, in ma sun samu shiga. Littattafan da aka tara a Jos, waɗanda Aida Arif da Ahmad Abu Hakima suka yi wa fihirisa a 1965 tare da na ɗakin karatu na Lugard Hall a Kaduna, gumin waɗannan malamai ne. Tarihinsu aikin digiri ne da yake jiran mai yi.

Yamai da Kano, a taƙaice

A Nijar mutum ɗaya ne ya riƙe igiyoyin biyu daga sama. Boubou Hama, wanda aka haifa a 1906 ya rasu a 1982, yana shugaban Majalisar Dokoki har juyin mulkin 1974, ya tara littattafan Larabci da ajami daga Agadas zuwa Say, tarin da ya zama tushen sashen rubutun hannu na cibiyar IRSH a Yamai. Gidan tarihi na ƙasa da aka buɗe a 1959 ma sunansa yake ɗauke da shi yanzu. Ya nuna abin da ɗan siyasa mai son takarda zai iya yi, ya kuma nuna hatsarin rataya aiki a wuyan mai mulki ɗaya.

Daga Kano kuwa akwai taskar Alhaji Umaru Falke, ɗan kasuwa kuma malamin Tijjaniyya da ya rasu a 1962. Littattafansa da takardunsa sama da 3,000 suna Jami'ar Northwestern kusa da Chicago. Abin yana yi mini ciwo, amma ba zan ɓoye ɗaya gefen ba: a can suna nan a dunƙule, fiƙihu da waƙoƙin bege da lissafin hatimi da magani, yadda mai su ya bar su, har mutum ya iya ganin abin da malamin Kano na wancan zamani yake karantawa. Da sun shiga rabon gado, da wuya a sake ganinsu a ɗaki ɗaya.

Abin da hannu yake yi kullum

Yanzu bari in sauko kan tebur, domin masu tsara kasafin kuɗi sukan ɗauka aikin zaman gadi ne.

Littafinmu na gargajiya ba a ɗinke yake ba. Warƙoƙi ne a sake, a sa su tsakanin tadarishi, a ɗaure, a zura a gafaka. Babu lambar shafi. Abin da ke riƙe da jerin shi ne kalmar da mai kwafi yake rubutawa a ƙasan shafi, wadda ita ce farkon shafi na gaba. Idan adaka ta zo daga gidan mamaci, littafi biyar sun cakuɗe, ma'aji zai zauna ya bi waɗannan kalmomi ɗaya bayan ɗaya har kowace warƙa ta koma gidanta. Wanda bai san Risala da Ishiriniya da Muhtasar ba, ba zai gane inda nassi ya yanke ba. Rabon gado ma nan yake yin ɓarnarsa, domin littafin da ba a ɗinke ba yana rabuwa uku cikin sauƙi.

Sai shekara. Masu kwafinmu sukan rubuta cewa sun gama ranar Laraba bayan azahar a watan kaza, su bar shekarar. Inda kuma aka ga shekara, sau da yawa ta mawallafi ce da aka kwafo tare da nassin. Shehu ya gama Bayanu Wujubil Hijira a 1806, to duk kwafin da aka yi bayansa zai iya ɗaukar wannan shekara, har wanda aka yi a zamanin En'e. Sabon ma'aikaci sai ya rubuta 1806 a rajista, shekara ta zagayo wani ya kafa hujja da ita a mujalla. Maganin wannan shi ne ɗaga takardar a haske. Yawancin takardun ƙarni na 19 a ƙasar Hausa daga arewacin Italiya suka fito, ta Tarabulus da Alƙahira, suka ƙetaro Sahara a kan raƙuma, kuma a jikinsu akwai alamar jinjirin wata uku. Heinrich Barth ya ga irinta a kasuwar Kano a 1851. Masana'antar gidan Galvani a Pordenone tana cikin waɗanda suka fi cika kasuwarmu, har da sunan Andrea Galvani a jikin wasu. Alamar ba ta faɗin ranar da aka yi rubutu, amma tana faɗin lokacin da ba zai yiwu a ce an yi shi kafinsa ba. Wannan ilimin mai kula da kaya ne, ana yinsa a kan littafi.

Tawada ma haka. Ta gawayi da ƙaro tana zaune a saman takarda, ruwa kaɗan ya wanke ta. Wadda aka haɗa da bagaruwa da ƙarfe tana kama jiki, amma in ta yi ƙarfi sai ta ci takardar, harafi ya zama huda. Kowace da irin kulawarta. Michaelle Biddle, ma'aikaciyar ɗakin karatu daga Jami'ar Wesleyan a Amurka, ta zagaya taskokin Arewa tun daga 2008 tana nazarin takarda da tawada tana kuma koyar da gyara.

Maƙiyan sanannu ne: gara, ɓera, kyankyaso, yoyon rufi, laimar damina, da ƙurar hunturu mai busar da fata har ta tsage. Amma ɓarnar da ta fi ba ni haushi ita ce ta masu kyakkyawar niyya. Wani ya ga yagewa ya manna salatif, bayan shekaru gam ɗin ya narke ya bar tabo mai ruwan ƙasa da ba ya fita. Wani ya kai warƙa shagon kwamfuta aka liƙe ta cikin roba da zafi. Wata hukuma ta sayi na'urar sanyaya ɗaki, wuta ta zo awa uku ta ɗauke awa goma, takarda tana kumbura tana tsukewa kullum, alhali ɗakin ƙasa mai kaurin bango da akwatin kwali marar asid sun fi mata lafiya. Faifan maikurofim da aka ɗauka a shekarun 1960, in ya fara tsami kamar ruwan kal, ya kama hanyar mutuwa.

Hoto na dijital kuwa alheri ne: shirin ɗakin karatu na Birtaniya na ceto taskokin da ke cikin hatsari, wanda aka fara a 2004, da aikin ajami na Jami'ar Boston, sun sa ɗalibi a Zariya yana karanta abin da dā sai ya yi tafiya. Amma hoto ba ya nuna jinjirin watan da ke cikin takarda sai an ɗauke shi da haske ta baya, kuma hoto 10,000 marasa fihirisa wata adaka ce kawai. A watan Janairu na 2013 an ƙona ko an kwashe littattafai kimanin 4,000 a cibiyar Ahmad Baba ta Tumbuktu, yayin da Abdel Kader Haidara da abokansa suka riga suka kwashe masu ɗimbin yawa zuwa Bamako. Bayan irin wannan musiba, abin da aka yi wa rajista ne kaɗai ake iya cewa ya ɓace. Sauran ko makokinsa ba a iya yi.

Wa zai gaje su?

A nan ne tsarinmu ya gaza. An fara koyar da aikin laburare a Ibadan a 1960, a Jami'ar Ahmadu Bello kuma a 1968. An buɗe cibiyar horar da ma'aikatan gidajen tarihi a Jos a 1963 da taimakon UNESCO. Sassan Larabci suna nasu wuri, sassan Hausa suna nasu. Sakamakon shi ne mutum uku, kowa da sulusin sana'a. Mai digirin laburare ya iya tsara fihirisa amma warash ya gagare shi. Mai digirin Larabci ya karanta nassin amma zai riƙe warƙar da hannu mai maiƙo. Ma'aikacin gidan tarihi ya san zafi da laima da haske, rubutun kuwa ado ne a idonsa. Na huɗunsu yana waje, alaramman da ya rubuta Alƙur'ani da ka, ya san alƙalami da tawada da zayyana da hannunsa, amma ba shi da takardar shaida, don haka in ma an ɗauke shi aiki, a matakin masinja zai shiga.

Tsarin ƙarin girma ya ƙara dagula lamarin. Malamin jami'a da ya kwashe shekara uku yana yi wa littafi 800 fihirisa zai tarar kwamiti ya fi daraja maƙala biyu masu shafi goma-goma. Alhali kundin da John Hunwick ya fitar a 1995 kan marubutan wannan yanki namu da ake kira tsakiyar Sudan, wanda kowane mai bincike a kan Sakkwato da Kano da Barno yake buɗewa, a kan waɗancan fihirisoshi na Ibadan da Jos da Kaduna da Zariya aka ɗora shi.

Shawarata ita ce difloma ta shekara ɗaya da za ta tara mutanen nan huɗu a aji ɗaya, a karɓi haddar Alƙur'ani da iya rubuta shi a matsayin shaidar shiga daidai da digiri. Wurin da ya fi dacewa shi ne Arewa House a Kaduna, wanda Abdullahi Smith ya kafa a 1970 a gidan Sardauna, domin a can gidan tarihi da taskar takardu da ɗakin karatu suna cikin shinge ɗaya. Aikin gwajin kowane ɗalibi ya zama taskar gida guda a garinsu: ya share, ya jera, ya sa a akwati, ya yi rajista mai ɗauke da sunan littafi da mawallafi da mai kwafi da alamar takarda da jerin waɗanda suka mallake shi, ya bar littattafan a hannun masu su, ya kawo kwafin rajistar kawai. Iyalai da yawa suna ƙin buɗe adaka ne saboda sun ji labarin littafin da aka ara don ɗaukar hoto bai dawo ba.

Wahalar ba ta kuɗi ba ce sosai. Jami'o'i suna ƙarƙashin ma'aikatar ilimi, hukumar gidajen tarihi da aka kafa a 1979 tana ƙarƙashin wata ma'aikatar, hukumomin tarihi na Kano da Sakkwato na jihohi ne, taskokin gidaje kuma sai da yardar fada da iyali. Kafin a buɗe aji, sai an samu wanda zai sa hannu a takardar shaidar da dukkan waɗannan za su yarda su ɗauki mutum aiki da ita, kuma a kan wannan gaɓa nake neman ra'ayin waɗanda suka yi aikin gwamnati.